Wasa 50 Kacal: Labarin Bluey Truscott, Ɗan Ƙwallon Ostireliya da Yaƙi Ya Ɗauke

Ga rubutaccen shirinmu na wannan makon, saboda 'yan uwa da data ba ta bari su saurara ba. Yau za mu yi nisa sosai, don haka kowa ya gyara zama.

Wata Asabar na yi sammakon zuwa gidan kallon ƙwallo na unguwarmu, don in kama benci kafin a fara Firimiya. Mai gidan yana ta juya tashoshi, sai ya tsaya a kan wani wasa da ban taɓa gani ba. Ƙarti ne da riguna marasa hannu, suna bin wata ƙwallo mai siffar ƙwai, wani ya taka gadon bayan wani ya yi sama ya cafke ta, alƙalin wasa ko a jikinsa. Wani yaro a bayana ya ce, "Kai, wannan ai dambe ne da ƙwallo!" Aka yi dariya, aka canza tasha. Ni kuwa abin ya tsaya mini a rai. Na koma gida na yi ta tono, tonon da ya kai ni ga wani saurayi mai jan gashi da ya mutu tun 1943.

Bari in fara da wasan kansa, don in ba haka ba lissafin da zan kawo ba zai shiga ba. Ƙwallon Ostireliya ba rugby ba ce, ba kuma irin ta Amurka ba ce. A birnin Melbourne aka rubuta dokokinta a 1859, kuma da farko don 'yan wasan kurket su samu abin motsa jiki a lokacin sanyi aka ƙirƙiro ta. Shi ya sa har yau a filin kurket ake buga ta, ƙaton fili mai kewaye kamar ƙwai. Mutum 18 ne a kowane ɓangare. Babu raga, babu gola, babu satar gida, babu jan kati. A kowane ƙarshen fili akwai dogayen sanduna huɗu. In ka buga ƙwallo da ƙafa ta wuce tsakanin biyun tsakiya, maki shida ke nan. In ta bi ta gefe, maki ɗaya. In abokin wasanka ya bugo maka daga nesa ka cafke kafin ta taɓa ƙasa, sai a tsaya maka ka yi bugunka ba mai taɓa ka. To wannan cafkar ce na ga ana hawa bayan mutane saboda ita.

A shekarun da muke magana a kai, babbar gasar ita ce VFL, mai kulob 12, kusan dukansu daga unguwannin Melbourne. Ita ce ta koma AFL a 1990. Kuma 'yan wasan ba masu kuɗi ba ne. Akwai dokar da ta ƙayyade cewa kada a biya ɗan wasa fiye da fam 3 a wasa ɗaya. Saboda haka wanda dubban mutane suka yi wa tafi ranar Asabar, ranar Litinin yana ofis ko masana'anta kamar kowa.

Mutumin namu sunansa Keith William Truscott. An haife shi ranar 17 ga Mayun 1916 a unguwar Prahran da ke Melbourne, ana tsakiyar Yaƙin Duniya na Ɗaya. A wannan shekarar kulob huɗu kawai suka buga gasar, sauran sun janye saboda yaƙi, har da kulob ɗin Melbourne da zai taso ya buga wa. Wato tun ranar sunansa yaƙi da ƙwallo suke ja-in-ja a garin.

Laƙabinsa Bluey, daga kalmar shuɗi. Amma gashinsa ja ne jawur. Haka mutanen Ostireliya suke tsokana, mai jan gashi su ce masa shuɗi, kamar yadda za ka ji ana kiran wani baƙi wuluk Bature a unguwa. Ya yi karatu a Melbourne High School, inda ya yi kyaftin ɗin kurket. Ɗaya daga cikin malamansa shi ne Bill Woodfull, wanda ya yi kyaftin ɗin ƙungiyar kurket ta ƙasar baki ɗaya, sannan cikin ƙannensa na makaranta akwai Keith Miller, wanda daga baya ya zama gagarabadau a kurket. Da ya gama ya ɗan taɓa koyarwa, sannan ya zama akawu.

A 1937 ya fara buga wa Melbourne. Kocinsu Frank Hughes, wanda ake kira Checker, mutum ne mai zafi. Da ya zo ya tarar ana yi wa kulob ɗin laƙabi da sunan wata fure, sai ya ce ina, ku yi wasa kamar shaiɗanu. Daga nan sunan Demons ya bi su har yau. Truscott ya dace da wannan salon. Ba dogo ba ne, ginanne ne, yana buga gaba ta gefe, kuma ba ya tsoron shiga cikin turmutsutsu.

Yanzu ga gaskiyar da masu yabo ba su cika faɗa ba. Truscott ba shi ne tauraron ƙungiyar ba. Duka-duka wasa 50 ya buga, ya ci ƙwallo 31. Kakar wasa a lokacin wasa 18 ce kafin a shiga zagayen ƙarshe, to ku lissafa kaka huɗu, za ku ga akwai Asabar da yawa da ba ya cikin sahu. Ku gwada shi da abokin wasansa Norm Smith, wanda ya buga wa kulob ɗin wasa 210 ya ci ƙwallo 546. A shekaru huɗun nan, kyautar gwarzon kulob ta tafi ga Jack Mueller sau biyu, Norm Smith sau ɗaya, Ron Baggott sau ɗaya. Truscott bai taɓa ɗaukarta ba. Ku riƙe wannan, za mu dawo kansa.

Abin da yake da shi shi ne yana tashi a ranar da ake buƙata. Ranar 3 ga Satumban 1939 Firaminista Robert Menzies ya sanar ta rediyo cewa tunda Birtaniya ta shiga yaƙi da Jamus, Ostireliya ma ta shiga. Ranar 30 ga watan, ko wata guda ba a cika ba, mutum sama da 78,000 suka cika filin MCG don wasan ƙarshe tsakanin Melbourne da Collingwood. Melbourne ta ci ƙwallo 21 da na gefe 22, jimilla maki 148, Collingwood ta tashi da 95. Truscott ya ci biyu a ciki. Rabon kulob ɗin da kofi tun 1926.

Na daɗe ina tunanin wannan taron. An ce ana yaƙi, amma yaƙin yana can Turai, bayan teku, sai a jarida. Gwamnati ma cewa ta yi kowa ya ci gaba da harkarsa. Irin wannan yanayin ba baƙo ba ne a wurin duk wanda ya taɓa zama yana kallon ƙwallo alhali ana ba da labarin tashin hankali a wani gari.

Da 1940 ta shigo, wasa ya canza. Faransa ta faɗi a watan Yuni, aka fara yi wa samari majiya ƙarfi kallon me kuke jira. Ranar 21 ga Yuli Truscott ya shiga rundunar sojin sama, yana ɗan shekara 24, ana tsakiyar kaka. Jaridu suka yi ta yayatawa. Ku lura da wannan, don rundunar da ke neman samari ba ta da tallan da ya fi ɗan ƙwallon da ya ci kofi ya sa kaki. Da Melbourne ta sake kai wa wasan ƙarshe a watan Satumba, sai aka ba shi hutu daga horo ya zo ya buga. Suka doke Richmond 107 da 68, Norm Smith ya ci bakwai shi kaɗai.

Ku kalli hoton ƙungiyar nan ta 1940 in kun samu a intanet. Mutum huɗu a cikinta ba su ga ƙarshen yaƙin ba. Ron Barassi, wanda shi ne ɗan benci ɗaya tal da doka ta yarda da shi a ranar, an kashe shi a Tobruk da ke Libiya ranar 31 ga Yulin 1941. Ya bar yaro ɗan shekara biyar. Syd Anderson, wanda ya ƙara cin kofi na uku da kulob ɗin a 1941, an harbo jirginsu a New Guinea a 1944. Sai Harold Ball, wanda zan dawo kansa. Sai Truscott.

Abin dariya, da ƙyar ya tsallake horon tuƙin jirgi. Matsalarsa sauka. Ba ya iya auna tazarar da ke tsakaninsa da ƙasa, sai ya daidaita jirgi kamar ya iso alhali da sauran kusan mita shida, jirgin ya faɗo tim. Mutumin da ke auna ƙwallo a sama ya san inda za ta sauka, ya kasa auna ƙasa. Haka dai ya gama horo a Kanada, ya isa Ingila, a watan Mayun 1941 ya shiga runduna ta 452, masu tuƙa Spitfire, tare da shahararren matuƙin nan ɗan Ireland, Paddy Finucane.

A nan ne sunansa ya tashi fiye da duk abin da ƙwallo ta taɓa ba shi. Ya yi ta kai farmaki ta saman Faransa, an taɓa ciro shi daga tekun da ke tsakanin Ingila da Faransa bayan jirginsa ya faɗa, ya samu lambar yabo ta DFC har sau biyu, a farkon 1942 aka ba shi jagorancin rundunar. An lissafa masa jiragen Jamus fiye da goma da ya kakkaɓo. Sai dai masana tarihin da suka zo daga baya suka duba takardun Jamusawa sun nuna cewa abin da matuƙan Birtaniya da ƙawayenta suka ce sun harbo a 1941 ya zarce abin da Jamus ta yi asara nesa ba kusa ba. Ba sai an ce ƙarya suka yi ba, a cikin wannan hargitsi mutum uku na iya harbin jirgi ɗaya kowa ya ce nasa ne. Kuma an ruwaito cewa ya taɓa buɗe wuta kan wani matuƙin Jamus da ke saukowa da laima, abin da bai yi wa wasu abokansa daɗi ba. Ina faɗar wannan ne don kada mu mai da shi waliyyi.

Farin jininsa ya kai har masu jan gashi a Birtaniya suka yi karo-karo, suka tara fam 5,000 don a saya masa Spitfire. Irin wannan asusun har nan ya iso, don kuɗin da aka tara a Najeriya ne ya sa aka liƙa wa runduna ta 91 ta sojin saman Birtaniya sunan Najeriya. Wannan labarin wata rana ne.

Ana cikin haka yaƙi ya zo wa Ostireliya har ƙofar gida. Singafo ta faɗa hannun Japan ranar 15 ga Fabrairun 1942. Bayan kwana huɗu jiragen Japan suka yi ruwan bama-bamai a Darwin. Aka kira matuƙa irin su Truscott su dawo gida. Ita ma ƙwallon ta ji a jikinta. Sojoji suka karɓe filin MCG suka mai da shi bariki, sojojin Amurka suna kwana a inda 'yan kallo ke zama. Kulob ɗin Geelong ya janye na shekara biyu saboda takurawar sufuri da ƙarancin fetur. Aka dakatar da lambar Brownlow ta gwarzon gasa har 1945. Ita kuwa Melbourne, mai riƙe da kofi uku a jere, ta koma 'yar haya a filin Punt Road na Richmond.

To a wannan filin ne, ranar 16 ga Mayun 1942, ana gobe zai cika shekara 26, Truscott ya buga wasansa na 50. Wannan wasan ne ya sa na ce sai na yi shirin nan.

Rabonsa da wasan gasa wata ashirin. Ya yi ƙiba, numfashi ya ragu, kowa ya gani. Duk da haka aka ba shi kyaftin na ranar, ya jagoranci ƙungiya zuwa cikin fili, jama'a suka ɓarke da sowa, yara suka yanyame shi. 'Yan Richmond, waɗanda ake tsoro saboda ƙarfin tuwo, ga su Jack Dyer da ake yi wa laƙabi da Kyaftin Jini, suka yi ta lallaɓa shi kamar ƙwai. Ya samu ya ci ƙwallo ɗaya, kuma labarin da ake bayarwa shi ne abokan hamayyar ba su wahalar da kansu wajen hana shi ba. Fili ya ɗauka. A ƙarshe Richmond ta lallasa Melbourne, amma ba wanda ya koma gida da zancen sakamakon. Ana ba da labarin cewa daga baya tsohon malaminsa Woodfull ya tambaye shi ko zai sake bugawa, shi kuwa ya ce a'a, ƙwallo ta yi masa haɗari da yawa. Mutumin da aka ciro daga teku fa!

Ni dai yadda na ga abin, ba wasa Truscott ya buga ranar ba, nuna shi aka yi. Gari ya tsorata, an kwashe dubban 'ya'yansu a Singafo, ba a san mai rai da matacce ba. Mutane na buƙatar su ga ɗaya daga cikin yaran da suka tafi ya dawo da ƙafafunsa, ya sa rigar ja da shuɗi, ya yi dariya. Ban ga laifinsu ba. Amma ina jin wani abu a ƙirjina in na tuna cewa lokacin da yake da ƙafa da numfashi, wani lokaci ko gurbi ba ya samu, sai da ya koma ba ya iya gudu sannan aka ba shi kyaftin. Ba ƙwallonsa ce ta ƙaru ba, amfaninsa ne ya ƙaru. Mu da muke harkar matasa mun san wannan. Ana gayyatarka babban tebur ne ranar da fuskarka za ta yi wa taron amfani.

Kuma a daidai wannan watan, can a Singafo, wasu fursunonin yaƙi 'yan Ostireliya da aka fitar aikin tilas suka ci karo da gawar Harold Ball. Shi Ball dogon yaro ne daga yankin Mildura, mai tsalle a tsakiyar fili. Kaka biyu kawai ya buga, wasa 33, ya ci kofi a duka biyun. Wa ya taɓa ganin irin wannan farawa? Ba ma sashen masu harbi ya shiga ba, sashen kwasar waɗanda suka ji rauni ne. Ranar 9 ga Fabrairun 1942 sojojin Japan suka kama shi da abokan aikinsa, aka ɗaure musu hannu ta baya aka kashe su. Shekararsa 21. Masu sowa a Punt Road ba su da wannan labarin tukuna. In ana maganar ƙwallon da yaƙi ya cinye, wallahi ta Ball ce ta fi ci mini rai, don shi ko rabin abin da zai iya bai nuna ba.

Saura labarin Truscott gajere ne. Ya koma runduna ta 76, masu jiragen Kittyhawk, aka tura su Milne Bay a gabashin New Guinea. A ƙarshen Agustan 1942 Japanawa suka sauka a wurin. Ruwan sama ba ƙaƙƙautawa, filin jirgi ya zama taɓo, abokan gaba na kusa har jirgi na tashi ya fara harbi nan take. Ranar 27 ga watan aka kashe kwamandansu Peter Turnbull, Truscott ya karɓa. Da aka ba da umarnin a kwashe jiragen zuwa Port Moresby saboda ana tsoron filin zai faɗi, shi ya ƙi tafiya, ya zauna da makanikai da sauran ma'aikatan ƙasa da ba su da hanyar fita. A wannan wurin kam na cire masa hula. A farkon Satumba Japanawa suka janye, kuma ana lissafa wannan a matsayin karon farko da aka fatattaki saukarsu ta ruwa gaba ɗaya a yaƙin.

Daga nan sai Darwin, sannan aka mai da su gaɓar yamma, wurin da babu wani yaƙin kirki. Ranar 28 ga Maris ɗin 1943, a Exmouth Gulf, yana atisaye, yana kwaikwayon kai hari kan wani jirgin Catalina na ɓangarensu da ke tafiya ƙasa-ƙasa. Teku ta kwanta lumui kamar madubi, irin ranar da ko gwani ba ya gane inda iska ta ƙare ruwa ya fara. Jirginsa ya daki ruwa. Tsohuwar matsalar nan ta auna tazara da ƙasa, wadda malamansa suka gani tun 1940. Bai kai shekara 27 ba.

Na ce ku riƙe maganar kyautar gwarzon kulob. Bayan mutuwarsa sai Melbourne ta sa wa kyautar sunansa, kuma har yau duk wanda ya fi kowa taka leda a kulob ɗin a shekara, kofin Keith Bluey Truscott ake miƙa masa. Kyautar da bai taɓa ci ba. Na biyu yana karɓar mai sunan Anderson, na uku mai sunan Barassi, sannan matashin da ya fi haskakawa ya karɓi mai sunan Harold Ball. Da farko na ce wannan ai ba adalci ba ne ga su Mueller. Daga baya na sassauto, don na tuna kakanninmu da aka kwasa zuwa Burma su yaƙi Japanawan nan dai, na tambayi kaina sunan mutum nawa a cikinsu zan iya kawowa. Ko ɗaya ban iya ba. Su kuwa can, ko ba komai, duk ƙarshen kaka sai an kira sunayen nan huɗu a gaban samarin da ke sa rigar.

Yaron nan ɗan shekara biyar da Barassi ya bari, kulob ɗin bai sake shi ba. Ya zauna a gidan Norm Smith, kuma ana cewa saboda Melbourne na son ta same shi ne aka yi dokar da ta ba kulob damar ɗaukar ɗan tsohon ɗan wasansa, dokar da ke aiki har gobe. Ya fara wasa a 1953 da lamba 31 ta mahaifinsa, ya ci kofi shida da Melbourne, na ƙarshe a 1964. Ya rasu a 2023.

Daga 1964 ɗin nan kulob ɗin bai sake ganin kofi ba sai bayan shekara 57. A 2021 annobar korona ta sa ba a iya buga wasan ƙarshe a MCG ba, aka kai shi birnin Perth, can yamma. Melbourne ta doke Western Bulldogs da ratar maki 74, kuma Clayton Oliver ne ya ɗauki kofin Truscott na shekarar. A wannan birnin na Perth, a maƙabartar Karrakatta, aka binne Bluey.

Mu kwana nan jama'a. Wanda kakansa ya je Burma, ko ya ji labari daga bakin wani tsohon soja, don Allah ya rubuto mana, muna tattarawa. Sai mako mai zuwa in Allah ya kai mu.